Hoton Hukuma da Ruwayar Jama'a: Abin da Fina-finan Romaniya ke Koya wa Mai Neman Tarihin Kabi

 Mas'alar da na zo da ita ta shafi hoto mai motsi wanda hukuma ta ɗauka da kuɗinta da ma'aikatanta, don ta nuna kanta yadda take so a gan ta, da kuma abin da ya wajaba a kan na baya su yi da irin wannan hoto, idan ya zamana shi ne mafi yawan abin da zamanin da ya shuɗe ya bar musu. Zan fara da ƙasar Romaniya ta gabashin Turai, domin masu shirya fim na can sun shekara talatin da ɗoriya suna kokawa da wannan mas'ala, tun faɗuwar mulkin gurguzu a ƙarshen 1989, sa'an nan in komo da maganar gida, wato Birnin Kebbi da Argungu, inda mu ma muke da hotuna jibge da tarihi mai nauyi, amma har yanzu ba mu zaunar da su wuri guda mun yi musu tambayoyi ba.

Kada nisan ƙasar ya sa a ɗauka babu abin da ya taɓa haɗa mu. A daren 4 ga Maris 1977, lokacin da girgizar ƙasa ta rushe wani sashe na birnin Bukares ta hallaka mutum fiye da 1,500, shugaban ƙasar, Nikolai Caushesku, yana nan Nijeriya baƙon gwamnatin Janar Obasanjo, daga nan ne kuma ya katse ziyararsa ya koma gida. Wannan mutum ya karɓi ragamar jam'iyya a 1965, ya riƙe ta shekara 24. Ya fara da farin jini, musamman da ya ƙi goyon bayan Rasha wajen mamaye Cekoslobakiya a 1968, ya ƙare da ƙuntata wa talakawansa, sa'ad da ya ƙudura biyan bashin ƙetare baki ɗaya ta hanyar sayar da abincin ƙasar a waje, har aka koma rabon burodi da mai da sukari da kati, ana ɗauke wuta a tsakiyar hunturu, gidan talabijin kuwa sa'a biyu kaɗai yake aiki a yini, galibinta labarin shugaba da matarsa. A duk tsawon wannan zamani akwai masu kyamara waɗanda ba su da wani aiki sai bin sa duk inda ya sa ƙafa, saboda haka da mulkin ya faɗi, sai mutanen ƙasar suka wayi gari da ɗakuna cike da faifayen fim waɗanda suka ƙunshi ƙuruciyarsu da titunansu da fuskokin iyayensu, alhali kowa ya san an ɗauke su ne don a ruɗe su. A ƙone su, a ƙone rabin abin da ake iya tunawa da shi. A nuna su yadda suke, a maimaita ƙaryar.

Amsa ta farko ta zo a 1992, daga Andrei Ujica, ɗan ƙasar da ya yi hijira zuwa Jamus, tare da abokin aikinsa Harun Farocki. Sun tattara kimanin sa'a 125 na hotunan kwanakin juyin, wasu na gidan talabijin, wasu na mutanen gari da suka leƙo ta taga da kyamarar gida, suka jera su bisa sa'a da wuri. Akwai wata gaɓa a cikin fim ɗin da nake so mu tsaya a kanta. Ranar 21 ga Disamba 1989 Caushesku ya tara jama'a a gaban hedkwatar jam'iyya, ya fito baranda yana jawabi, ana watsawa kai tsaye. Yana cikin magana sai wata hayaniya ta taso daga bayan taron, ya ɗago kai, maganar ta sarƙe masa, ya ɗaga hannun dama kamar mai tsai da mota, hoton ya yi rawa, aka yanke watsawa. Mutanen da ke gida jan allo kawai suka gani. Amma kyamarar ba ta daina ɗauka ba: mai riƙe da ita ya ɗaga ta sama, domin an riga an umurce su cewa in wani abin da ba a shirya ba ya auku su nuna sararin samaniya, sai ga gajimare da rufin gine-gine, a ƙarƙashinsu kuwa muryar shugaba tana ta kiran "Alo, alo", matarsa tana tsawa a yi shiru. Masu fim ɗin suka tsai da wannan gaɓa, suka maimaita ta, suka gwama ta da abin da wata kyamarar gida ta ɗauka daga bene a daidai wannan lokaci, yadda alƙali yakan sa shaida ya sake faɗin maganarsa don ya ji ko za ta sāɓa. Kashegari shugaban ya tsere a jirgi mai saukar ungulu, ranar 25 ga wata aka harbe shi da matarsa a barikin Targobishte.

Abin lura a nan shi ne, hoton da ya fi kowanne gaskiya a duk ma'adanar gwamnatin shi ne wanda aka ɗauka don a ɓoye abu. Umurnin a kau da kai shi kansa ya zama hujja a kan wanda ya ba da shi.

A 2010 Ujica ya kai wannan hanya matuƙarta, da fim mai tsawon sa'a uku wanda ya kira tarihin rayuwar Caushesku da bakin kansa, wanda ya tace daga hotuna na fiye da sa'a 1,000. Babu mai sharhi a cikinsa ko ɗaya, babu masanin da aka zaunar yana bayani, babu wanda aka zalunta yana ba da labarin azabarsa. Shugaba ne kawai, yana cikin karusa da Sarauniyar Ingila a Landan a 1978, yana kallon dubban 'yan rawa a Koriya ta Arewa, yana zagaya kantunan da aka shaƙe da abinci saboda zuwansa. A cikinsa ne ake ganin babban taron jam'iyya na 1979, inda wani dattijo mai shekara fiye da 80, Constantin Parvulescu, ɗaya daga cikin tsofaffin jam'iyyar, ya miƙe shi kaɗai ya ƙi amincewa a sake zaɓen shugaba, zauren duka ya tashi tsaye yana tafi da kirari don a danne muryarsa. Malaman fiƙihu sun tabbatar cewa iƙrarin mutum a kan kansa ya fi shaidar shaidu ƙarfi, domin shaida ana iya tuhumarsa da ƙiyayya ko kwaɗayi ko mantuwa, amma wanda ya faɗi da bakinsa ya rufe ƙofar musu. Wannan ita ce hikimar Ujica: bai kawo bayyina daga waje ba, ya bar mulkin ya yi ta magana har ya kama kansa, ya kuma amince cewa mai kallo yana da hankalin da zai gane.

Duk da haka ba na so in wuce ba tare da na faɗi inda nake da ja ba. Da yawa daga cikin waɗannan faifaye ba su da sauti tun asali, masu tacewa ne suka sa musu takun ƙafa da tafi da kukan iska, kuma su ne suka zaɓi abin da zai gabata da abin da zai biyo baya. Mai kallon da bai san haka ba zai ɗauka asali yake ji. Malaman hadisi suna da suna ga mai ruwayar da ya ɓoye gurbin da ke cikin isnadinsa har mai ji ya zaci babu gurbi, suna kiran aikinsa tadlisi, kuma ba su sassauta masa don niyyarsa mai kyau ce. Mai tace fim yana tsaye a bakin wannan rami kullum. Shi ya sa hanyar Radu Jude ta fi kwanta mini a rai ta wata fuskar, domin shi yakan bar ɗinkin a fili. A fim ɗinsa na 2017 ya ɗauko hotunan gilashi na wani mai ɗaukar hoto a garin Slobozia, Costica Acsinte, na angwaye da sojoji da yara cikin kayan ado, ya ɗora musu karatun littafin tunawa na wani likita Bayahude, Emil Dorian, wanda yake rubuta yadda ake farautar mutanensa a waɗannan shekaru na Yaƙin Duniya na Biyu. Ido yana ganin biki, kunne yana jin makoki, ba a ce da kai ɗaya ƙarya ne ba. A 2020 kuma ya ɗauko fayil ɗin 'yan sandan ciki a kan wani yaro ɗan makaranta, Mugur Calinescu, wanda ya rubuta kalmomin neman abinci da 'yanci da alli a bangon garin Botoshani a 1981, ya sa 'yan wasa suna karanta rahotannin ba tare da nuna wani motsin rai ba, yana tsarma su da shirye-shiryen nishaɗi na talabijin na wancan zamani. Ruwayoyi biyu masu karo da juna, kowace da sunan mai ita, hukunci kuwa na mai kallo ne.

To, mu komo gida.

Mu ma hoto mai motsi ya iso mana ne a hannun hukuma. Tun kafin a kafa sashen fina-finai na mulkin mallaka a 1939, wani jami'in kiwon lafiya a Nijeriya, William Sellers, yana yawo da fim don wa'azin tsabta, kuma shi ne ya shimfiɗa ƙa'idar cewa a yi wa Baƙar Fata fim a hankali, ba tsalle daga wuri zuwa wuri, ba dabarar kyamara, wai don kada ya rikice. Dattawanmu sun san majigi: mota ta iso gari da la'asar, sanƙira ya zaga, bayan sallar isha'i a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko ƙofar hakimi, a tayar da inji, 'yan doka suna tsare da yara, mai bayani yana riƙe da lasifika yana faɗa wa mutane abin da suke gani. A nuna allurar rigakafi, a nuna noman zamani irin na Baban Larai, a nuna hawan dabar Kaduna na 1956 gaban Sarauniya, daga baya a nuna rangadin Sardauna yana buɗe asibiti da makaranta. Ba na cikin masu raina majigi. Ya kai ilimi inda jarida ba ta kai ba, kuma su waɗannan faifaye su ne kaɗai suka riƙe mana kamannin kasuwanni da tufafi da fuskokin wancan zamani. Amma wajibi ne mu san cewa mai lasifikar nan bai sauka ba har yau, ya dai sauya tufafi, domin galibin abin da muke kira fim ɗin gaskiya a gidajen talabijin namu murya ce guda, mai tabbaci, tana bayani a kan hotunan da ba a ba su damar cewa komai ba. Ƙa'idar Sellers kuwa ɓatacciya ce tun tushe. Mutanen da suka saba da waƙar fada, wadda takan yi zambo cikin yabo, ta ambaci kaka don ta ja kunnen jika, ba za a ce ba su iya bin zance mai hawa biyu ba.

Tarihin wannan kwari na Rima shi ne ya fi buƙatar irin wannan zance, saboda tarihi ne mai ɓangare biyu waɗanda duka suna raye. Muhammadu Kanta ya ɓalle daga Askiya na Songhai a wajejen 1516, ya gina Surame, wadda ganuwarta ta dutse take tsaye har yau. Daga baya sarauta ta komo Birnin Kebbi, ta zauna nan har 1805, shekarar da rundunar jihadi ƙarƙashin Shehu Abdullahi ɗan Fodiyo ta ci birnin, a cikinta kuma aka yi yaƙin Alwasa inda masu jihadi suka yi hasara mai yawa. Daga nan Kabawa ba su sake samun zama ba: Muhammadu Hodi ya faɗi a fagen fama, Karari ya bi shi a 1831, ɗansa Yakubu Nabame ya yi shekaru a tsare a Sakkwato, ya fito ya ɗaga tuta a Argungu a 1849, aka yi ta gwabzawa har aka sami Lafiyar Toga a 1867, ita ma ta warware bayan 'yan shekaru, sa'an nan Sama'ila ya hau a 1883 ya yi ta kai hari har zuwan Turawa a farkon ƙarni na 20, waɗanda suka ja iyaka da Faransa ta raba Kabi da abokan ƙawancenta na Arewa da Zabarma da Dandi. Sakamakon wannan duka shi ne abin da muke gani yau ba mu ko yi mamaki: tsohon birnin Kabawa shi ne mazaunin Sarkin Gwandu, a fadar da ke ɗauke da sunan Abdullahi Fodiyo, kuma hedkwatar Jihar Kebbi tun 27 ga Agusta 1991, Sarkin Kabi kuwa yana Argungu, tafiyar da ba ta kai sa'a guda ba a mota.

Alƙalami a wancan ƙarni na yaƙe-yaƙe ya fi yawa a hannun ɓangare guda. Infaƙul Maisuri na Sarkin Musulmi Muhammadu Bello da Tazyinul Waraƙati na Shehu Abdullahi littattafai ne na malamai waɗanda suka halarci abin da suka rubuta, darajarsu ba ta ɓoyu ga kowa ba, amma ba a nufe su da faɗin yadda al'amarin ya kasance ga wanda ke cikin ganuwa ba. Ruwayar Kabawa ta fi zama a bakin makaɗa da maroƙa da tsofaffin gida, abin da aka rubuta nata kuwa ya yi nisa da mu: Imam Umaru, wanda asalin gidansu Kabi ne, a ƙasar Gana ta yanzu ya rubuta tarihin Kabi da ajami, a Jamus kuma aka buga shi, binciken M. B. Alkali na 1969 a Jami'ar Ahmadu Bello yana ɗakin karatu inda masunci ba ya shiga. Da kyamara ta zo, sai ta tarar da wannan rashin daidaito, ta ƙara masa wani, domin ita ba ta tsaya ɓangaren Gwandu ko na Argungu ba, ta tsaya inda manyan baƙi suke zaune.

Ina nufin bikin kamun kifi. A 1934 Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu, aka shirya masa babban su don girmamawa, wannan ziyara kuwa ita ce alamar rufe gabar da ta haura shekara ɗari. Daga nan bikin ya samo asalinsa na zamani, har Hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya a 2016. Babu wani abu a jihar nan da aka ɗauka a hoto kamarsa, tun daga faifayen labarai na Turawa har zuwa wayoyin hannu. Amma wanda ya jera waɗannan hotuna ya dube su a natse zai tarar kusan hoto guda ne ake ta maimaitawa. Masunta sun yi sahu a gaɓar Matan Fada, kowa da gorarsa da homarsa. A harba bindiga. Ƙura ta tashi, dubban mutane su kwarara cikin ruwa har ba a ganin ruwan. Jiragen makaɗa suna ratsawa. A jawo giwan ruwa ta baki da igiya, a ɗora ta a ma'auni gaban rumfa, a faɗi nauyinta, kamar ta 2020 mai kilo 78. Babban baƙo ya miƙa makullin mota. Sa'a guda ce cikin shekara, an ɗauke ta daga sama, daga nesa, yadda mutum ba ya da suna sai in ya ci gasa. Kyakkyawan hoto ne, ni ma zuciyata takan motsa duk lokacin da na gan shi. Tambayata ita ce ta Farocki da Ujica: ina aka umurci kyamara ta kalla, mene ne kuma ke faruwa a inda ta juya wa baya?

A bayanta akwai gyaran ruwa da fashin ruwa, al'adun da suka girmi 1934 nesa ba kusa ba, da aikin Sarkin Ruwa da na Homa, shugaban masunta, waɗanda suke tsare hurumin gulbi sauran watannin shekara don kifi ya samu ya girma. Akwai matan da ke banda kifin su kai kasuwa, waɗanda da wuya a gan su a faifai. Akwai gulbin kansa, wanda ba shi ne na jiya ba, tun da aka datse ruwa a Bakolori a 1978 da Goronyo a 1984, ambaliyar shekara wadda fadama ta dogara da ita don shinkafa da hayayyafar kifi ta ragu ta kuma sauya lokaci, manoman da madatsar Bakolori ta raba da gonakinsu kuwa, da suka yi bore a watan Afrilu na 1980, da harsashi aka amsa musu. Akwai shekaru goma da ba a yi bikin ba, daga bayan na 2009 har 2020, waɗanda babu hotonsu ko ɗaya, alhali su ne masu masauki da masu kwalekwale da makaɗa suka fi tunawa. Fiye da duka akwai dalilin bikin: ana nuna sulhu a kowane biki ba a nuna abin da aka sulhunta a kansa ba, har yaron da aka haifa a Argungu yana iya faɗin nauyin kifin bara bai san wane ne Nabame ba, ko da yake kaburburan sarakunansa suna nan cikin tsohuwar fadar da aka mayar Gidan Tarihi na Kanta a 1958.

Ba daga kanmu farau ba wajen neman sa tarihin nan a fim. Adamu Halilu, wanda ya fito daga sashen fina-finai na Jihar Arewa, ya shirya Shaihu Umar a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, aka nuna shi a bikin FESTAC na 1977, sa'an nan ya yi fim a kan Kanta na Kabi a 1978. Shaihu Umar ya ɓace shekaru masu yawa har aka fid da rai, sai a 2016 aka gano faifayensa a ma'adanar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Didi Cheeka na Legas, wanda yake cikin waɗanda suka tono waɗannan gwangwanaye masu tsatsa, ya ɗauki guntayen da suka fara ruɓewa ya yi gajeren fim na gwaji da su a 2020 a kan yadda Nijeriya take mantuwa da yaƙinta na basasa. Fim ɗin Kanta kuwa haƙƙin mutanen jihar nan ne su neme shi su gan shi, kuma neman nasa kaɗai, daga ofis zuwa ofis, daga Kaduna zuwa Jos zuwa Sakkwato, da jin ta bakin waɗanda suka hau doki a cikinsa, ya isa ya zama fim.

Misalin da ya fi kusa da abin da nake nufi, a wurina, ya fito ne daga ƙetaren iyaka, daga Galmi ta Jamhuriyar Nijar. Sani Elhadj Magori, masanin aikin gona da ya koma fim, ya yi Kukan Kurciya a 2010. Mahaifinsa yana cikin samarin da suka tafi ci-rani Abijan suka zauna can, kuma mutanen yankin suna cewa waƙoƙin wata zabiya, Hussai, su ne suka riƙa zuga samari su fita neman arziki. Maimakon ya zaunar da masana su yi bayanin ƙaura, sai ya je wurin zabiyar da tsufanta, ya roƙe ta ta bi shi har bakin teku, ta yi wa waɗanda ta kora da waƙa wata waƙar da za ta komo da su. Ba tarihi ya ba da labarinsa ba, ya sa tarihin ya sake motsi a gaban kyamara, da harshenmu, da kayan aikin da al'ummar ta riga ta amince da su. Wannan ya nuna cewa ma'adanarmu ba ta tsaya ga gwangwanin fim ba. Kirarin Kanta a bakin maroƙi, da take a kan kalangu, faifai ne su ma, suna da masu ruwaya, suna da abin da suke ɓoyewa, ana kuma iya gwama su da hoton hukuma yadda Jude ya gwama littafin likita da hotunan angwaye.

Sai dai akwai bambanci babba tsakaninmu da Romaniya, wanda in aka manta da shi za a yi ɓarna. Can mulki ya faɗi cikin kwana goma, an buɗe fayilolin 'yan sandan ciki da doka tun 1999, wanda ake tuhuma ya mutu, kuma kusan kowa ya yarda azzalumi ne. Nan babu azzalumi guda da za a tsayar. Gidajen nan biyu, na Gwandu da na Argungu, duka suna nan da martabarsu, sun yi auratayya, suna sahu ɗaya a masallaci, jikan wanda ya kai hari da jikan wanda aka kai wa suna aji guda a Kwalejin Ilimi ta Adamu Augie. Sulhun 1934 ba kwalliyar kanti ba ce irin ta Caushesku, ni'ima ce ta haƙiƙa, wadda aka saya da jinin mutane masu yawa, kuma duk mai kyamarar da ya tashi tone-tone don ya burge alƙalan gasa a Turai, ya tayar da fitinar da kakanni suka kwantar, alhakinta yana wuyansa. Shari'a ta hana giba, ta yi umurni da suturta aibin Musulmi, ta kuma hana ɓoye shaida. Mai fim a Kabi dole ya yi tafiya tsakanin waɗannan hukunce-hukunce, ba ya da ikon ɗaukar ɗaya ya yar da sauran. A nan ne hanyar gwaji take da amfani fiye da hanyar mai lasifika, domin murya guda tilas ta yanke hukunci, ta ce wane ne mai gaskiya a Alwasa, amma fim ɗin da ya ajiye ruwayar Gwandu kusa da ta Argungu, kowace da bakin mai ita, ya bar su suna duban juna, bai ci mutuncin kowa ba, bai kuma yi shaidar zur ba. Abin da Sarkin Ruwa ya ce sirri ne, a bar masa sirrinsa, a kuma faɗa wa mai kallo cewa an bar wani abu a nan da gangan.

Sharaɗin da nake ganin ba makawa daga gare shi shi ne isnadi. An ce gani ya kori ji, amma a zamanin da ake ɗauko hoton ambaliyar wata ƙasa a yaɗa shi a WhatsApp da sunan Kebbi, gani ma yana buƙatar a tambaye shi daga wa ya ji. Kowane guntun hoto da za a yi aiki da shi a rubuta wanda ya ɗauka, da shekarar, da wanda ya biya kuɗin, da inda ya tsaya, da hannuwan da ya ratsa kafin ya iso. In an ƙara masa sauti a faɗa, in an rage masa a faɗa. Wannan aiki ne da ɗaliban tarihi da na Hausa a Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi za su iya somawa ba tare da jiran kuɗi mai yawa ba, su bi gidajen masu ɗaukar hoton biki na dā, da ɗakunan ajiyar gidajen talabijin, da kasusuwan bidiyo da ke cikin akwatunan mutane, waɗanda zafi da ƙura suke cinyewa kowace bazara. Sa'an nan a ɗauki abin da aka samu a kai wa Sarkawan da suka yi su kafin a datse Bakolori, waɗanda ƙaraminsu yanzu ya haura shekara 60, a nuna musu, a kafa kyamara tana duban fuskokinsu, a bar su su faɗi sunayen mutanen da ke cikin taron, da irin kifin da ba a samu yanzu, da inda ruwa yake kaiwa a da. Kwafi guda ya zauna a Gidan Tarihi na Kanta, guda a jami'a, guda a ma'adanar fina-finai ta ƙasa da ke Jos, fim ɗin da ya fito daga ciki kuwa a fara nuna shi a ƙofar fadar Argungu da ta Birnin Kebbi, bayan sallar isha'i, kafin a aika da shi ko'ina.